Kasetocin Baba da Sunayen da Ba Sa Karantuwa

Gwaggo, don Allah ki taimake ni kafin in rasa ɗan'uwana, don wata biyu ke nan ba ma ko gaisawa.

Mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, mai gyaran rediyo ne. Shagonsa ɗan ƙarami ne, kullum warin dalma, ga matattun rediyoyi jibge har rufi. Da ya gyara rikoda sai ya kira ɗayanmu ya gwada ta da muryarsa. Mu yi ta surutu, mu rera karatun makaranta, yana dariya har da tari. Ashe bai taɓa goge ko kaset ɗaya ba.

Bayan rasuwarsa yayanmu ya kwashe kasetocin, ya mayar da su kwamfuta, ya sa wa kowanne sunan da Baba ya rubuta a jikinsa, ya ɗora a intanet don kowa ya saurara. Na buɗe ina dubawa. Ga na Yaya, ga na Auta, ga na Mama tana faɗan an ɓata mata tsintsiya. Nawa ko ɗaya babu. Sai wasu tarkace arba'in da uku masu suna kamar rubutun aljanu: Æ™anÆ™ara1, Æ™anÆ™ara2, haka har ƙasa. Ban taɓa su ba, don an ce irinsu cutar kwamfuta ce.

Ni kuwa da zuciya, na kira Yaya na ce da gangan ya cire nawa, tun muna yara yake jin haushin Baba ya fi ji da ni. Sai kawai ya kashe waya. Ina kewar ɗan'uwana, ina kewar shagon nan, amma wallahi abin ya ci mini rai. Yaya zan yi?

Taki,
Ƙanƙarar Baba

'Yata,

Allah ya jiƙan Baba. Share hawayenki ki sake duban sunan da kika sa hannu da shi.

Wasu na'urorin ba su san haruffanmu masu lanƙwasa ba. In suka ci karo da ƙ sai su rikice su rubuta Æ™, ɗ kuma ta koma É—. Mayar da ƙ gurbinta ki karanta: ƙanƙara. Sau arba'in da uku! Sunan Yaya da na Auta ba su da lanƙwasa, shi ya sa suka tsira. Ke da kike kukan an manta da ke, ina zaton kin fi kowa yawan kaset.

Ban ga laifinki don kin ji zafi ba, mai neman muryar mahaifinsa ba ya cikin nutsuwa. Shi ma yayanki da ya yi bayani maimakon kashe waya, da ba a kai nan ba. Amma ki tuna shi ya zauna yana juya kaset ɗaya bayan ɗaya, yana sauraron ƙuruciyarki, ladansa kuma ya zama zargi. Ke ce da ba da haƙuri, kuma ba a waya ba.

Kada ki buɗe fayilolin ke kaɗai. Ki je gidansa, ki ce kin yi kuskure ba tare da kwana-kwana ba, sannan ki miƙa masa wayar ya danna na farko. Duk duniya mutum nawa suka rage da za su gane tarin Baba in sun ji shi?

Allah ya daidaita tsakaninku, ya bar zumunci.

Gwaggo