Jiƙaƙƙiyar Tama

Skarvik, 8 ga Fabrairu, 1957

Zuwa ga 'yata Gunvor,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, karatu kuma yana tafiya daidai a Trondheim. Mamanki tana gaishe ki, ta ce ki riƙa sa safar ulun da ta saƙa miki. Na ji daɗi da kika ce darasin narka ƙarfe ya fi miki kowanne. To ga wani da ba ya cikin littafinku.

Jirgin tama ya iso ranar Talata, dusar ƙanƙara ta daskare a cikinta, injin busarwa kuma ya lalace. Manaja Rustad ya ce a zuba ta haka a tanderu. Kin san abin da ruwa ke yi idan ya faɗa cikin narkakken ƙarfe: ya zama tururi nan take, ya yi bindiga. Mutum takwas ke tsaye a bakin tanderun kullum. Sai na tsayar da bel ɗin da ke kai tama, na zare makullin na sa a aljihu.

Rustad ya ce tsufa ya sa mini tsoro. Na ce masa, "Ƙwarai kuwa, ranka ya daɗe. Shekara talatin ina jin tsoron wutar nan, shi ya sa har yau yatsuna goma ne."

Amma shi ma yana da tasa gaskiyar. Busasshiyar tamar da ta rage ta kwana huɗu ce. In ta ƙare tanderu ya huce, ƙarfe ya sandare a ciki, mutum ɗari uku su zauna a gida har bazara. Ya ba ni zuwa Litinin in kunna bel ɗin. Makullin dai yana aljihuna.

Babanki,
Eilif

Skarvik, 19 ga Fabrairu, 1957

'Yata Gunvor,

Ina gaishe ki, da fatan murar da kika ambata ta sake ki. Mu lafiya lau muke.

Wutar ba ta mutu ba. Ottar, shugaban masu zuba ƙarfe, ya tuna mini yadda kakanninmu ke yi: a baza tama a ɗakin zubi, kusa da sandunan ƙarfe masu zafi, a yi ta juyawa da shebur har ta bushe. Kwana uku muna yi. Ottar ya yi ta yi mini tsiya, wai bai taɓa ganin injiniyan da hannunsa ya yi kanta ba, ya kamata a kira mai hoto.

Duk da haka ranar Litinin aka sallame ni, saboda makullin. Jiya Rustad ya zo har gida, mamanki ta ba shi kofi amma ta hana shi biskit. Ya ce in koma aiki gobe, in dai zan sa hannu a takarda cewa na yi kuskure, tamar ba ta da haɗari.

Na ƙi. Ina son aikin nan, Gunvor, har yanzu ƙarfe biyar nake farkawa in rasa inda zan nufa. Amma takardar za ta zauna a ofis bayan an manta da ni. Wata rana za a sake kawo jiƙaƙƙiyar tama, wani sabon injiniya ya ce a'a, sai a ɗauko ta a nuna masa sa hannuna. Saura shekara biyu ki gama. Ba na so ya zama ke ce za a nuna wa.

Ki ci abinci sosai, ki rubuto.

Naki har kullum,
Baba